Naffajin da Muka Toshe Saboda Bushiya

Kakata ba ta taɓa ba bushiyar gidanmu abinci ba. Ruwa kawai take zuba mata a wani fasasshen kasko ƙarƙashin randa, kowace yamma kafin kiran magariba. In wani ya jefa mata guntun kisra, gurasarmu ta dawa, Kaka za ta tsince shi da kanta ta watsa wa kaji. Ta ce in an cika mata ciki kwanciya za ta yi, ita kuwa ba don kwanciya ta ajiye ta ba.

A Umbadda muke, can bakin Umdurman ta yamma, cikin gidan ƙasa mai ɗaki uku. Babana naman agashe yake gasawa kusa da Kasuwar Umdurman, don haka tsakar gidanmu ba ya rabuwa da itace. Lori ke kawo shi daga kudu, a jibge shi jikin bango har ya fi ni tsawo. Tare da itacen kunamu ke zuwa, irin rawayen nan masu siririyar jela, suna maƙale cikin ɓawo. Bushiyar a ƙarƙashin tarin take wuni, da yamma ta fito ta bi su ɗaya bayan ɗaya. Tana cin kyankyasai da gyare, wani lokaci har jariran ɓera. Kaka ta koyi wannan tun a Jazira, lokacin da suke aikin auduga suna tara karan audugar a bayan bukka. Da suka dawo birni, a ƙwarya ta ɗauko bushiyarta ta farko. In ɗaya ta mutu, sai ta sa direban lorin itace ya samo mata wata. Ba ta taɓa raɗa musu suna ba. "Mai gadi" take ce wa kowacce.

Akwai kuma naffaj. Wata 'yar ƙofa ce da ake hudawa a bangon da ke tsakanin maƙwabta, don mata su riƙa shiga gidan juna ba sai sun yafa tob, babban mayafin fita, sun bi titi ba. Namu yana bayan madafa, ya buɗe cikin gidan wata dattijuwa 'yar Kurdufan da muke kira Hala, kamar yadda ake kiran 'yar'uwar uwa da Larabci. Gidajenmu baya da baya suke, ƙofarta na kallon wani titi, tamu na kallon wani. In ba ta naffaj ba, sai ka zagaye layi guda kafin ka kai gare ta. Hala mace ce mai jiki, gwiwoyinta sun gaji. Kullum da hantsi za ka ji ta tana nishi tana matso kanta ta ƙofar nan, jabana, butarta ta gahawa, a hannu, ba sallama ba komai. Su zauna da Kaka su sha gahawa. Larabcin Kaka karkatacce ne, namiji ta mai da shi mace. Hausar Hala ba ta wuce "sannu" da "kai, jama'a" ba. Amma tun kafin a haife ni suke hira a haka, ban taɓa jin ɗaya ta ce ba ta gane ba.

Ina aji biyu na sakandare a lokacin, shekarun da aka sa mu saka kayan makaranta masu zanen kakin soja. Ina da ƙoƙari, ina da baki, ba ni da haƙuri. Kaka "Ustaza" take kirana don tsokana. A makaranta ba na Hausa ko da kalma ɗaya. Ba wai na ɓoye asalina ba ne, kowa ya san Fallata suke ce mana, mu da kakanninmu suka zo daga yamma, amma ba na son a tuna.

Jarrabawar darasin halittu ta matso, sai 'yan ajinmu biyu suka ce za su zo gidanmu in yi musu bayani. Ɗaya doguwa, ɗaya mai tabarau wadda babanta ke aiki a wata ma'aikata a Khartum. Na share tsakar gida sau biyu. Na roƙi Inna, mahaifiyata, ta kwashe daddawar da ta shanya. Na ce wa Kaka ta zauna a ɗaki. Ta ce, "To, Ustaza, ko in shige randa gaba ɗaya?"

Muna zaune kan gadon igiya bayan la'asar, ina zana musu kibiyoyi a littafi: ciyawa, fara, kwaɗo, maciji, shaho. Ina cewa in an cire ɗaya, na ƙasa da shi zai yi yawa. Sai doguwar ta kurma ihu ta haye gado da takalminta.

Bushiyar ce ta fito tun rana ba ta faɗi ba, abin da ba ta saba yi ba. Ta danne wata kunama a gindin randa. Jelar ta fara gutsurewa, sannan ta hau taunar sauran, ƙurus ƙurus, muna ji.

"Sajami!" in ji doguwar, wato na shiga uku. "Abu gunfud a cikin gida?" Haka suke kiran bushiya da Larabci.

Mai tabarau ba ta yi ihu ba. Ta dube ni a natse ta ce, "Kiwonsa kuke yi? Ashe da gaske ne. Ni na ɗauka sharri ake muku da ake cewa kuna ci."

Kafin in buɗe baki, Kaka ta fito. Da fara'arta ta hau yi musu bayani da Larabcinta, tana nuna itace, tana nuna kasko, tana cewa wannan sojanta ne, ya fi sojojin da ke tsaron bakin gada aiki. Suka danne dariya har suka yi sallama. Ina jin su a bayan bango suna kwaikwayon maganarta.

Washegari na tarar an zuba ƙayar aduwa a kan bencina. Kwana uku ba wanda ya kira ni da sunana. 'Yar abu gunfud, shi ke nan.

Ran Alhamis na dawo da azahar, rana ta kwantar da kowa. Inna da Kaka suna barci a rumfa. Na ɗaga itace biyu, na gan ta a dunƙule. Na mirgina ta da tsintsiya cikin kwando, na rufe da tsohon mayafi, na fita. Akwai wani busasshen rafi a bayan unguwa inda ake zubar da shara. Can na juye ta. Ba ta warware ba. Na ga karnuka biyu a ƙarƙashin wata matacciyar mota, na ga sun ɗago kai. Na juya na taho. Abin da ke raina a hanya shi ne in wanke kwandon kafin Inna ta tashi.

Da yamma Kaka ta zuba ruwa a kasko. Da safe ruwan na nan. Ta sake zubawa. A rana ta uku wari ya taso daga ƙarƙashin itace. Ta sa Baba ya ɗaga, sai ga 'ya'ya huɗu, kowanne bai kai babban yatsa ba, ƙayarsu fara ce ba ta ko yi ƙarfi ba. Duk sun mutu. Sai a lokacin na gane abin da ya fito da ita da rana: shayarwa take yi, yunwa ce.

Kaka ta daɗe a tsugune. Da ta miƙe ta ce, "Wannan ba da ƙafarta ta tafi ba. Ɗauke ta aka yi."

Inna ce ta tuna. Makonni biyu kafin nan Hala ta roƙi ƙayar bushiya, za ta yi wa jikarta turare saboda zazzaɓi. Kaka ta ce ba za a fige dabba da ranta ba, ta jira a tsinto wadda ta zube. Hala ta ɗan ji haushi a ranar. Inna ba ta ce ita ce ba. Cewa kawai ta yi, "Wa ke shigowa gidan nan muna barci?"

Ina wurin. Ina wanke kofuna a bakin randa. Na ci gaba da wankewa.

Da hantsi Hala ta matso ta naffaj da jabanarta kamar kullum. Kaka ba ta shimfiɗa mata tabarma ba.

"Hajja, lafiya?" in ji Hala.

"Da kin ce min dole ne, da na cire miki da hannuna. Mai jego ce. 'Ya'ya huɗu kika kashe."

Hala ta ɗauki lokaci kafin ta gane zancen. Da ta gane, ta ajiye jabanar a ƙasa. Ta rantse da Allah, ta rantse da kabarin mijinta. Kaka ta ce rantsuwa ba ta dawo da mai gadi. Hala ta ce, "Shekara nawa ina cin gishirinki, yau ni ce ɓarauniyar abu gunfud?" Ta waiwayo ta dube ni. "'Yata, ke kin taɓa ganin na ɗauki ko allura a gidan nan?"

Na ce, "Ni ina makaranta."

Abin da na ce ke nan. Ba zan gyara shi ba.

Ran Juma'a Kaka ta ce a toshe naffaj. Baba ya ce, "Iya, saboda bushiya?" Ta ce in bai toshe ba za ta toshe da kanta, mutane su ga ɗan da ta haifa. Ya kawo tubali. Ni na kwaɓa ƙasar. Ni na riƙa miƙa masa tubalin ɗaya ɗaya, yana jerawa. Ta ramin da ya rage ina hango tsakar gidan Hala, igiyar shanyarta, da 'yar kujerar da take zama. Da ya shafe na ƙarshe ya ce min, "Allah ya yi miki albarka, yau kin yi aiki ba gardama."

A makaranta an manta da ni cikin mako guda, an koma kan wata da aka ga wani ya rako ta tasha. Jarrabawa ta zo, tambayar kibiyoyin nan ta fito, na cinye makin duka. Malamar ta karanta amsata a gaban aji. Na rubuta cewa mai farauta ba mugu ba ne, aikinsa yake yi, in babu shi abin da yake ci zai cika wuri. Na zauna ana tafa min.

A gida kuwa abin ya fara. Inna ta ga kunama cikin takalmin Baba. Aka ga wata a ƙarƙashin tabarmar salla, wata a jikin buhun gawayi. Muka koma kakkaɓe komai kafin mu taɓa. Kaka ta aika wa direban lori ya samo mata wata bushiyar, amma man fetur ya yi wuya a lokacin, lorin ya fi wata bai zo ba. Da hantsi sai ta dafa gahawarta ita kaɗai, ta zauna tana fuskantar sabon shafen da bai yi kalar sauran bangon ba. Ba ta shanye ko rabi. Na ga duk wannan. Kullum ina cewa gobe zan faɗa, goben ta zo in ce ai abin ya riga ya wuce.

Ranar da abin ya faru, Baba ya tafi kasuwa tun asuba, Inna ta tafi layin sukari. Na sa kayan makaranta ina neman takalmi, sai na ji Kaka ta ce "Wash!" ba da ƙarfi ba. Na fito na same ta a gaban tarin itace, ta riƙe hannun dama da na hagu. Kunamar na tafiya a hankali kan itacen, jela a sama.

"Ba komai, Ustaza, je ki makaranta," ta ce.

Kafin in ɗebo ruwa zufa ta jiƙe ta. Leɓenta ya hau rawa, yawu na zuba, ta ce harshenta ya yi nauyi. Na san kibiyoyi, ban san abin da ake yi wa tsohuwar da kunama ta harba ba. Na ruga bayan madafa na hau dukan bango da hannu ina kiran Hala.

Ta amsa nan take, kamar dama a jikin bangon take zaune. "Me ya faru?"

"Kunama! Kaka ce!"

Na ji ta ce innalillahi. Na san da gwiwoyin nan nata kafin ta zagayo layi an daɗe. Ita ma ta sani. Ta ce, "Fasa! Fasa ta wajenki!"

Na ɗauko taɓarya. Ina duka ta nan, tana sara da fartanya ta can. Tubalan da na miƙa da hannuna suka riƙa faɗowa kan ƙafata. Da ramin ya isa, ta turo kanta, bango ya yage mata tob ya kuje mata kafaɗa. Ba ta ko duba ba. Ta yage bakin mayafina ta ɗaure hannun Kaka, ta matsa lemun tsami a wurin, ta tallafe kan Kaka tana mata magana kamar jaririya. Ni ta kore ni titi in tsayar da mai karo, keken jakin da ke kai ruwa. A kansa muka kai ta ƙaramin asibitin unguwa, Hala na riƙe da ita, ni ina gudu a gefe cikin kakin makaranta. Aka yi mata allura, aka ce mu jira. Sai bayan azahar zufar ta tsaya.

Da la'asar muna gida. Kaka na kwance kan gadon igiya, hannun ya kumbura. Inna ta dawo, Baba ya dawo, maƙwabta sun zo sun tafi. Hala na zaune a bakin gadon tana mata fifita, ƙurar bango har yanzu a gashinta. Na ce a raina shi ke nan, Allah ya rufa min asiri, sun shirya ba sai na ce komai ba.

Sai Kaka ta kama hannun Hala ta ce, "'Yar'uwa, na yafe miki zancen mai gadi. Ya wuce."

Fifitar ta tsaya. Hala ta zare hannunta a hankali. Ta dafa gwiwa ta miƙe.

"Hajja, don Allah na zo, ba don a yafe min ba. Abin da ban yi ba, ba na son yafiyarsa." Ta juya wajen Baba. "Ɗana, gobe ka mai da tubalinka."

Ta nufi ramin. Na dubi bayanta, na dubi kafaɗar da ta kuje. Ban shirya ba, maganar ce ta fito da kanta, da Hausa, da ƙarfi fiye da yadda ya kamata.

"Ni ce. Ni na kai ta rafi na zubar."

Hala ba ta ji Hausar ba, amma ta tsaya. Dole na sake faɗa da Larabci, ina kallonta. Na biyun ya fi na farkon wuya. Na faɗi kwandon, na faɗi karnukan, na faɗi dalili. Da na zo kan dalilin sai na ji ƙanƙantarsa a bakina: wasu 'yan mata biyu sun yi dariya.

Inna ta ɗaga hannu za ta mare ni, Baba ya riƙe ta. Kaka ba ta dube ni ba sam. Ta yunƙura za ta sauko, aka ce ta kwanta, ta ture hannun Inna. Ta sauko ƙasa da kumburarren hannunta, ta ja jiki har inda Hala take, ta kama ƙafarta. Tsohuwar da ban taɓa ganin ta sunkuya wa kowa ba sai a salla. Ni na jawo mata wannan.

"Tashi, Hajja, haram," in ji Hala, tana kuka tana jan ta. "Tashi, kai jama'a."

Da aka mai da Kaka gado, Hala ta zo ta tsaya a gabana. Na so ta mare ni. Ta ce, "Ranar nan na tambaye ki, 'yata. Ke na tambaya." Ta sunkuya ta shige ramin.

Ba wanda ya dake ni. Kaka ta yi kwana tara ba ta kira ni Ustaza ba, ba ta kira ni komai ba. A na goma ta miƙo min kwandon nan ta ce in je in nemo abin da na zubar. Na san ba zan same ta ba, ita ma ta sani. Duk da haka kowace yamma na riƙa zuwa rafin ina ɗaga gwangwanaye da tsummoki da sanda, mutane na wucewa suna kallona, har lorin itace ya zo da wata a cikin buhu. Kaka ta ce daga yau ruwan kasko aikina ne. Na riƙe shi har na bar gidan.

Baba bai mai da tubalin ba. Ya gyara bakin ramin ya shafe shi, ya ɗan faɗaɗa saboda Hala. Bayan kwanaki ta dawo da jabanarta, suka ci gaba da shan gahawa, Kaka na mai da namiji mace, ita tana dariya. Wanda bai sani ba zai ce komai ya koma yadda yake.

Amma daga ranar Hala ba ta sake shigowa kai tsaye ba. Sai ta tsaya ta wancan gefen, ta tafa hannu sau biyu, ta yi sallama, ta jira. Kaka ta yi mata faɗa a kan haka ba sau ɗaya ba, ta ce wannan wane irin baƙunta ne. Hala ta ce ai ba komai, haka ya fi. In ina gida ni nake amsawa, in ce ta shigo, in karɓi jabanar daga hannunta. Takan ce na gode, 'yata. Har ta rasu tana tafa hannun nan, kuma ko sau ɗaya ban iya amsa sallamar ina kallon fuskarta ba.